Raina kotu: Ma'aikaci ya ci shari'a, ƙarin girmansa ya maƙale a ofis

Duk mai bibiyar labaran gabashin Sakkwato ya san sunan Unguwar Lalle, kuma yawanci a labarin tashin hankali ya san shi. A watan Oktoban 2021 'yan bindiga suka afka wa kasuwar garin da ke Ƙaramar Hukumar Sabon Birni, suka kashe mutum kusan 20. Wata biyu bayan nan aka ƙona wata motar haya da fasinjojinta a yankin, a daidai lokacin da aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi da dama na jihar.

A irin wannan wuri, idan aka ce gwamnati, fuskar da talaka ya fi sani ita ce ta malamin firamare, da ma'aikacin ɗakin shan magani, da malamin gona, da akawun sakatariya. Wasu sun yi ƙaura da iyalansu zuwa cikin Sabon Birni ko Isa ko Sakkwato. Wasu na nan suna kai-komo a hanyoyin da direba kan tambayi labarinsu kafin ya tayar da mota.

Waɗannan ma'aikata suna da wani ciwo na daban da ba ya shiga kanun labarai, wato maganar ƙarin girma, ko furomoshin kamar yadda ake cewa a ofis. Ƙungiyar malamai ta NUT da ta ma'aikatan ƙananan hukumomi NULGE sun daɗe suna kuka a jihohi da yawa kan abu biyu: ko dai shekaru su wuce ba a yi ƙarin girman ba, ko a miƙa wa mutum takarda amma albashinsa bai motsa ba.

Shawarar da aka fi ba wanda ya gaji da jira ita ce ya garzaya kotu. To amma idan ya je ya yi nasara fa, wa zai tilasta wa gwamnati ta bi hukuncin?

Shari'ar da ta shekara 30

Amsar da ta fi kowace bayyana tana cikin labarin wani jami'in ɗan sanda da aka yi wa ritayar dole a 1992, lokacin yana aiki a Jihar Bauchi.

Ya kai ƙara, kotu ta soke ritayar. A 2004 Hukumar Kula da Aikin 'Yan Sanda ta rubuta wa Sufeto Janar na lokacin cewa a mayar da shi bakin aiki, a kuma gabatar da sunansa don ƙarin girman da ya wuce shi. Shiru. Ya sake komawa kotu, a ranar 21 ga Oktoban 2011 Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja ta ba da umarnin a aiwatar. Nan ma kamar an shuka dusa.

Sai a ranar 29 ga Nuwamban 2022 Mai Shari'a Mobolaji Olajuwon ta yanke wa Sufeto Janar Usman Alkali Baba hukuncin zaman gidan yari na wata uku saboda raina kotu, ko kuma har sai ya bi umarnin.

Labarin ya karaɗe wayoyin jama'a a ranar. Rundunar 'yan sanda ta ce ofishin Sufeto Janar bai san da umarnin ba, tana mai nuni da cewa shi Usman Alkali a 2021 ya hau kujerar. A tsakiyar watan Disamba, kimanin mako biyu bayan hukuncin, kotun ta janye shi bayan lauyoyin rundunar sun gamsar da ita cewa an ɗauki matakan bin umarnin. Sufeto Janar bai kwana ko dare ɗaya a tsare ba.

Akwai wata tambaya da mutane suka riƙa yi cikin raha a lokacin, amma ta taɓo gaskiyar lamarin: wane ɗan sanda ne zai kama Sufeto Janar? Kotu ba ta da runduna tata. Ma'aikatanta masu kai sammaci da masu ƙwace kadara 'yan sanda ne ke raka su. Idan wanda ake nema shi ne shugaban masu rakiyar, magana ta ƙare.

Watan Nuwamban na 2022 ya zama na musamman a wannan fanni. A farkonsa labari ya fito cewa wata babbar kotu a Abuja ta ba da umarnin a kai shugaban EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, gidan gyaran hali na Kuje kan ƙin mayar wa wani tsohon hafsan sojin sama motarsa da Naira miliyan 40. Cikin 'yan kwanaki aka janye umarnin. A ƙarshen watan kuma babbar kotun Jihar Neja da ke Minna ta ba da sammacin kamo Babban Hafsan Sojin Ƙasa, Laftanar Janar Faruk Yahaya, ɗan asalin Ƙaramar Hukumar Boɗinga a Jihar Sakkwato. Shi ma ba a kama shi ba.

Manyan jami'ai uku a wata guda, kuma babu wanda ya shiga ɗakin tsarewa. Duk da haka ba za a ce hukunce-hukuncen ba su yi komai ba. A shari'ar ɗan sandan nan, fayil ɗin da ya shekara 11 a kwance ya motsa cikin mako biyu da zarar sunan mai kujera ya fito a jarida tare da kalmar kurkuku.

Abin da jira ke cinyewa

Don a gane dalilin da ya sa mutum zai ƙarar da rayuwarsa yana bin takarda ɗaya, sai a duba lissafin.

A ƙa'idojin aikin gwamnatin tarayya, waɗanda jihohi suka kwaikwaya da 'yan sauye-sauye, ma'aikacin da ke mataki na 06 zuwa ƙasa yakan cancanci a duba ƙarin girmansa bayan shekara biyu. Daga mataki na 07 zuwa 14 shekara uku ne, daga 15 zuwa sama kuma shekara huɗu.

A ɗauki misalin malami mai takardar NCE da aka tura wata makaranta a mazaɓar Unguwar Lalle. A mataki na 07 zai fara. Idan komai ya tafi daidai, bayan shekara tara yana mataki na 10, daga nan ya tsallaka 12, domin a wannan tsani babu mataki na 11. Idan kuwa aka bar shi shekara tara a inda ya fara, asarar ba ta tsaya ga bambancin albashin wata-wata ba. Ɗalibin da ya koyar zai iya samun aiki ya tarar da shi a mataki ɗaya. Idan za a naɗa hedimasta, girman mataki ake fara dubawa.

Babbar asarar tana jiran sa ne a ranar ritaya. A tsohon tsarin fansho, wanda jihohi da dama ba su bari ba har yanzu, da albashin ƙarshe ake lissafi. Wanda ya cika shekara 35 yana aiki, fanshonsa kashi 80 cikin 100 ne na wannan albashi, garatutinsa kuma ninki uku na albashin shekara. Ke nan mataki biyu ko uku da aka hana shi yana aiki za su bi shi har ƙarshen rayuwa, su kuma rage abin da magadansa za su karɓa.

Sai kuma darajar kuɗin. A watan Mayun 2023 Dala ɗaya a farashin gwamnati ba ta kai Naira 500 ba, a 2024 ta haura 1,500. Hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 cikin 100 a Disamban 2024 bisa alƙaluman hukumar ƙididdiga ta ƙasa. Ƙa'idojin Kotun Ma'aikata sun ba alƙali damar ɗora ruwan da bai gaza kashi 10 cikin 100 a shekara ba a kan kuɗin da aka ƙi biya bayan hukunci. Idan aka kwatanta 10 da 34, kowa ya ga wanda jinkiri ke yi wa aiki. Ariyas ɗin da zai sayi buhun gero goma a lokacin da ya kamata a biya, ranar da ya fito ƙila bai kai rabin haka ba.

Doka a takarda

Ta fuskar rubutu, Najeriya ba ta da ƙarancin doka a nan. Sashe na 287 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya wajabta wa dukkan hukumomi da mutane aiwatar da hukuncin kotuna a ko'ina cikin ƙasar. Gyaran da aka yi wa kundin a 2010 ya ɗaga darajar Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda aka kafa tun 1976, ya kuma mayar da duk wata shari'ar aiki da albashi da fansho hannunta ita kaɗai, a ƙarƙashin Sashe na 254C. Tana da reshe a birnin Sakkwato, wanda shi ne mafi kusa da mutumin Sabon Birni ko Isa.

Kotun Ƙoli ma ta daɗe da yin magana. A 1985, lokacin mulkin soja, gwamnatin Jihar Legas ta tura jami'ai ɗauke da makamai suka fitar da Odumegwu Ojukwu daga wani gida a Ikoyi alhali shari'ar gidan na gaban kotu. Da gwamnatin ta zo neman Kotun Ƙoli ta saurare ta, alƙalan suka ƙi, suka ce wanda ke take umarnin kotu ba zai zo yana neman alfarmarta ba. Har yau lauyoyi na kafa hujja da wannan hukunci.

Matsalar tana cikin matakan da ke tsakanin hukunci da aljihun ma'aikaci.

Na farko, kotunan Najeriya sun sha nanata cewa ƙarin girma ba haƙƙi ne da ake samu kai tsaye don shekaru sun cika ba. Sai akwai gurbi, sai an ci jarrabawa ko ganawa, sai hukuma ta amince. Don haka alƙali ba kasafai yake cewa a ɗaga wane zuwa mataki kaza ba. Inda ma'aikaci ya fi samun ƙarfi shi ne idan an riga an ba shi takardar ƙarin girman aka ƙi biya, ko an tsallake shi ba bisa ƙa'ida ba, ko an kore shi ba daidai ba kotu ta ce a mayar da shi tare da duk abin da ya rasa.

Na biyu, hukunci iri biyu ne. Akwai wanda kawai yake bayyana cewa wane ne mai gaskiya, akwai wanda yake umartar a aikata wani abu takamaimai. Na farkon ba a iya ɗaure kowa a kansa. Ma'aikaci na iya fitowa daga kotu yana murna, sai daga baya lauyansa ya gaya masa cewa sai an sake shigar da wata ƙarar kafin a iya tilasta wa kowa.

Na uku, hanyar tuhumar jami'i da raina kotu tana da tsauri, tunda 'yancin mutum ake neman tauyewa. Sai an fara kai masa fom na 48, wanda ke gargaɗinsa kan sakamakon ƙin bin umarni. Idan bai ji ba a kai masa fom na 49, wanda ke kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. A ƙa'ida hannu da hannu ake ba shi, sai dai idan kotu ta yarda a bi wata hanya. Duk wanda ya taɓa neman ganin babban sakatare ko kwamishina ya san yawan ƙofofin da ke gabansa. Kuskure kaɗan wajen isar da takardun nan ya isa a rushe tuhumar baki ɗaya. Idan kuma aka sauya wa jami'in wurin aiki, sabon da ya zo zai ce bai san zancen ba, a koma farko.

Gwamna da mataimakinsa kuwa, Sashe na 308 ya ba su rigar kariya, ba a kama su ba a ɗaure su muddin suna kan mulki.

Na huɗu shi ne wanda lauyoyi suka fi ƙorafi a kai. Idan kuɗi kotu ta ce a biya, hanya mafi sauƙi ita ce a nemi umarnin cire su daga asusun wanda ake bi bashi. Amma Sashe na 84 na dokar aiwatar da hukunce-hukuncen kotu, wadda asalinta tun 1945 ne zamanin Turawa, ya ce idan kuɗin na hannun jami'in gwamnati a matsayinsa na jami'i, sai an sami amincewar Antoni Janar. Wato ofishin da ya tsaya wa gwamnati a shari'ar, shi za a je a roƙa ya sa hannu a taɓa asusunta. Kotuna sun sassauta wannan sharaɗi a wasu shari'o'i, ciki har da hukuncin Kotun Ƙoli na 2017 tsakanin Babban Bankin Najeriya da kamfanin Interstella, amma sashen na nan a cikin doka, kuma lauyoyin gwamnati ba sa mantawa da shi.

Sai ɗaukaka ƙara. Tun bayan wani hukuncin Kotun Ƙoli a 2017, ana iya ɗaukaka duk hukuncin Kotun Ma'aikata zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara. Haƙƙi ne na kowa, ba wanda zai hana gwamnati amfani da shi. Amma ɗaukaka ƙara ita kaɗai ba ta dakatar da hukunci, sai kotu ta ba da umarnin dakatarwa. Abin da aka saba gani shi ne a shigar da takardar ɗaukakawa, a ce magana na gaban kotu, sannan a bar fayil ya yi ƙura.

Idan umarnin a kan ma'aikata ya faɗa

Abin da ya fi ci wa 'yan ƙwadago tuwo a ƙwarya shi ne yadda gwamnati ke rungumar umarnin kotu idan ita ya yi wa daɗi.

A 2022 malaman jami'o'i sun shiga yajin aiki tun 14 ga Fabrairu. A ranar 21 ga Satumba Kotun Ma'aikata ta umarce su da su koma aji. ASUU ta garzaya Kotun Ɗaukaka Ƙara, aka ce mata ta fara bin umarnin tukuna kafin a ba ta damar ɗaukakawa. Ranar 14 ga Oktoba ta janye yajin aikin. Daga umarni zuwa biyayya, kwana 23.

A kwatanta wannan da abin da ya faru a Kaduna. A 2017 gwamnatin Nasir El-Rufai ta yi wa malaman firamare jarrabawa, ta ce 21,780 sun faɗi, za ta sallame su. A watan Disamba Kotun Ma'aikata da ke Kaduna ta ba da umarnin a dakata har sai ta saurari ƙarar. Gwamnatin ta ci gaba da shirinta, NUT ta zarge ta da take umarnin kotu ta kuma shiga yajin aiki a Janairun 2018, amma malaman sun tafi. Mutum na iya yarda da El-Rufai cewa wanda bai iya amsa tambayar ɗan aji huɗu ba bai dace da allo ba. Wannan hujja ce mai ƙarfi, kuma wurin gabatar da ita shi ne gaban alƙalin da ya ce a jira.

Haka labarin hafsoshin soja 38 da aka yi wa ritayar dole a Yunin 2016. Da yawansu sun je Kotun Ma'aikata, ta ce ba a ba su damar kare kansu ba, ta umarci a mayar da su. Shekaru bayan haka jaridu na ci gaba da ruwaito cewa suna gida, yayin da abokan karatunsu suka ci gaba da samun ƙarin girma.

Mutanen Sakkwato ba sa buƙatar a je nesa a kawo musu misali. Kanar Sambo Dasuki, ɗan marigayi Sarkin Musulmi Ibrahim Dasuki, ya zauna a tsare daga Disamban 2015 zuwa 24 ga Disamban 2019, duk da belin da kotuna daban-daban suka ba shi da hukuncin Kotun ECOWAS na 2016. Ko me mutum ke gani game da tuhumar da aka yi masa, ƙaramin ma'aikaci ya karanci wani abu daga labarin: idan tsohon mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro, mai manyan lauyoyi, ya shekara huɗu da takardar beli a hannu, shi da ke mataki na 07 fa?

Ba kowace shari'a ce ke ƙarewa haka ba. Malamai 49 da Jami'ar Ilorin ta kora a 2001 saboda yajin aiki sun yi nasara a Kotun Ƙoli a 2009, jami'ar ta mayar da su. Sai dai sun shekara takwas suna jira, ƙungiya mai ƙarfi na bayansu, kuma wasu daga cikinsu sun rasu kafin ranar ta zo.

Uzurin gwamnati

Jami'an da ke riƙe da baitulmali suna da nasu bayanin, kuma ba duka ne ƙarya ba. Ƙarin girman dubban ma'aikata kuɗi ne da sai an sa a kasafi. Akwai ma'aikatan bogi da takardun ƙarin girma na jabu, shi ya sa kusan kowace sabuwar gwamnati ke farawa da tantancewa. Sabon mafi ƙarancin albashi na Naira 70,000 da aka sa wa hannu a Yulin 2024 ya ƙara nauyi. Wani lokacin ma bashin da kotu ta ce a biya gwamnatin da ta shuɗe ce ta jawo shi.

Amma dokar ta tanadi hanya ga wanda ba shi da halin biya nan take: ya koma gaban alƙali ya nemi ƙarin lokaci ko a yarda ya biya kashi-kashi. Wanda ya yi haka ya girmama kotu. Wanda ya yi gum da bakinsa yana jiran mai ƙara ya gaji ko ya yi ritaya ko ya rasu, shi ne ake magana a kansa. Kuma abin lura ne cewa tun 2023 kason da jihohi ke samu daga asusun tarayya ya ƙaru sosai bayan cire tallafin man fetur, don haka uzurin babu kuɗi ya rage nauyin da yake da shi a da.

Nisan Unguwar Lalle da kotu

Duk waɗanda aka ambata a sama suna da abin da malamin ƙauye ba shi da shi: lauya, ƙungiya mai murya, ko suna da 'yan jarida suka sani.

Shi kuwa, kafin ma ya kai ga kotu sai ya gano wa zai kai ƙara. Ƙananan ma'aikata daga mataki na 06 zuwa ƙasa suna hannun ƙaramar hukuma, na sama da haka suna hannun Hukumar Kula da Ma'aikatan Ƙananan Hukumomi ta jiha. Malamin firamare yana tsakanin ofishin sakataren ilimi na ƙaramar hukuma da hukumar SUBEB. Wani ofishi ke ba da takarda, wani ke biyan kuɗi, kowanne na iya nuna ɗayan da yatsa.

Sannan kowane zaman kotu tafiya ce zuwa Sakkwato ta hanyar Goronyo, da kuɗin mota da na kwana, a hanyar da ta sha cin mutane. A Yulin 2024 a wannan yanki aka sace Sarkin Gobir na Gatawa, Alhaji Isa Muhammad Bawa, wanda ya rasu a hannun masu garkuwa a watan Agusta. Mutum ya ɗauki wannan kasada, ya isa a ce an ɗage zama.

Akwai kuma tsoron da ba a rubutawa. Wanda ya kai uban gidansa ƙara yana cikin aiki ya san ana iya tura shi makarantar da ke bakin daji, ko albashinsa ya ɓace a tantancewa ta gaba. A al'ada ma, kai na gaba ƙara abu ne da dangi za su taru su ba mutum haƙuri a kai. Shi ya sa mafi yawa suka gwammace su bi ta hannun ɗan majalisa ko wani mai faɗa a ji, abin da ke mayar da haƙƙi ya zama alfarma.

Ga wanda ba zai iya shari'a ba akwai ƙofofi biyu masu sauƙi. Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a, wadda aka kafa a 1975, tana da ofishi a kowace jiha kuma ba ta karɓar kuɗi, sai dai ba ta shiga maganar da ke gaban kotu. Ita ma Kotun Ma'aikata tana da cibiyar sasanci. Ko wace hanya mutum zai bi, takardu ne makaminsa: takardar ɗaukar aiki, ta tabbatarwa, ta ƙarin girma na ƙarshe, da shaidar albashin banki. A garuruwan da mutane suka sha gudu da kayan jikinsu kawai, ɗaukar hoton waɗannan takardu a waya a tura wa wani ɗan'uwa a birni ba ƙaramar dabara ba ce.

Ba da nisa da nan ba kufan Alƙalawa yake, babban birnin Gobir da ya faɗi a 1808, wanda ruwayoyin tarihi ke danganta sunansa da wani alƙalin Zamfara da ya fara zama a wurin. Almajiran fiƙihu na wannan ƙasa sun san wasiƙar Sayyidina Umar zuwa ga Abu Musa al-Ash'ari, wadda ta ja hankalin alƙali kan zartar da hukunci bayan gaskiya ta bayyana. Maganar ba baƙuwa ba ce a Gobir. Kuma a yankin da 'yan bindiga ke sanya wa ƙauyuka haraji su ba da wa'adi, jama'a na lura sarai da wanda umarninsa ke aiki da wanda nasa ba ya aiki.

Hukuncin da kowa ke jira

Akwai wani hukunci guda da ya shafi albashin kowane malamin firamare da ma'aikacin ƙaramar hukuma daga Sabon Birni har Legas, ko da bai taɓa taka harabar kotu ba.

A ranar 11 ga Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta yanke cewa a riƙa tura wa ƙananan hukumomi 774 kasonsu kai tsaye daga asusun tarayya, ta kuma haramta wa gwamnoni riƙe kuɗin ko naɗa kantomomi a madadin zaɓaɓɓun shugabanni. Mai Shari'a Emmanuel Agim ne ya karanta hukuncin. Daga wannan kaso ne ake cire albashin malaman firamare, daga nan ne kuɗin ƙarin girmansu zai fito.

Ra'ayin ma'aikata ya rabu a kai. NULGE ta yi maraba da shi. Malamai da yawa kuwa suna ɗari-ɗari, don manyansu ba su manta da shekarun da albashinsu ke hannun ciyamomi ba, lokacin da akan yi watanni ba a biya ba.

Wanda ya shigar da ƙarar shi ne Antoni Janar na Tarayya, Lateef Fagbemi, a madadin gwamnatin da ke riƙe da asusun da ake rabawa, da Babban Banki, da 'yan sanda. Babu kotun da za a ɗaukaka ƙara zuwa gare ta. Duk da haka, fiye da shekara guda bayan hukuncin, shugabannin NULGE na ci gaba da kiran taron manema labarai suna roƙon a aiwatar da shi.